Tuwo ne ke kawo teɓa ko yawan ci?

Yaya Babba: Salamu alaikum. Yau kwana goma da na bar tuwo da shinkafa da burodi, sai ƙwai da nama da kabeji. Ɗazu na hau sikeli a wani kemis wajen Ƙofar Ƙaura, kilo 3 ya tafi. Ni dai na gamsu, sitaci ne ke kawo ƙiba, ba yawan ci ba.

Kawu: Wa'alaikumus salam. Kai yaro, kakanka tuwon dawa yake ci dare da safe, da rana ya dama fura, har ya koma ga Allah bai ajiye tumbi ba. Da fartanya yake wuni. Kai kuwa daga gida zuwa masallaci sai a mota.

Auta: Kawu a gafarce ni, Yaya na da hujja. Sitaci yana zama sukari a jini, jiki ya saki insulin, wato sinadarin da ke daidaita sukarin jini, shi kuma insulin ya sa a adana kitse.

Anti Nas: Auta, wannan gaskiya ne, amma rabin labarin ka kawo. Yaya, kilo 3 ɗin nan mafi yawansa ruwa ne. Jiki yana ajiye sitaci a hanta da tsoka, kowane giram yana riƙe da ruwa kusan giram 3. Ka bar tuwo, ajiyar ta ƙare, ruwan ya fita ta fitsari. Ran da ka koma cin tuwo zai dawo.

Yaya Babba: To ke nan wahalar banza nake?

Anti Nas: Ban ce ba. A 2018 masu bincike na Jami'ar Stanford a Amurka suka fitar da sakamakon mutum 609 da suka bi shekara guda. Waɗanda suka rage sitaci sun zubar da kimanin kilo 6, masu rage mai kilo 5 da ɗoriya. Bambancin bai taka kara ya karya ba. A lissafin kalori, wato ma'aunin ƙarfin da abinci ke ba jiki, giram ɗin sitaci kalori 4 ne, na mai 9. Cokalin cin abinci ɗaya na man gyaɗa ya kai 120, kuma na ga yadda ake kwarara shi kan shinkafa da wake a gidanka.

Auta: Amma Anti, nama da ƙwai sun fi riƙe ciki. Wanda ya karya da burodi da shayi mai sukari cokali huɗu, kafin azahar yunwa ta dawo.

Anti Nas: Nan kam muna tare. Shi ya sa dabarar Yaya ke yi wa wasu aiki, suna rage ci ba su sani ba.

Kawu: Da wannan tsadar, wa zai ciyar da gida da nama sau uku?

Gwaggo: Ni duk ban gane lissafinku ba. Shekaranjiya a gidan suna can Sabuwar Unguwa, da idona na ga mai barin tuwon nan ya shanye lemon kwalba biyu. Shi lemon ba ya cikin sitacin ne?

Yaya Babba: Haba Gwaggo, ai ranar zafi ake yi.