Neman kalmar Hausa: me za mu kira "concealed carry permit"?

Tafinta: Assalamu alaikum malamai. Akwai wata kalma da ke yawan fitowa a labaran Amurka tun bayan hukuncin da Kotun Ƙolin ƙasar ta yanke ranar 23 ga Yuni 2022, kuma kowane gidan jarida da irin tasa fassarar. Wasu na cewa lasisin mallakar bindiga, wasu izinin ɓoye bindiga, wasu lasisin riƙe bindiga. Duk cikinsu ba wadda ta kwanta mini. Abin da ake nufi shi ne takardar da jiha ke ba farar hula damar shiga cikin jama'a da ƙaramar bindiga mai harsashi a jikinsa, ba tare da ana ganinta ba. A taimaka da kalma ɗaya da za mu tsaya a kanta.

Barista: Wa alaikumus salam Malam Tafinta. "Mallaka" dai a cire ta tun yanzu, domin ta sauya ma'anar gaba ɗaya. A dokar Amurka mallakar bindiga daban, fita da ita daban. Jihar Niyok ta isa misali: tana da lasisin ajiye ƙaramar bindiga a gida ko a shago, tana kuma da na fita da ita titi, kuma mai na farko in aka kama shi a kasuwa da bindiga a ƙugu ya aikata laifi. Shari'ar Heller da Kotun Ƙolin ta yanke a 2008 kan ajiyewa a gida ta yi magana. Shari'ar Bruen ta 2022, wato hukuncin da ka ambata, wadda alƙalai 6 suka rinjayi 3, Mai Shari'a Clarence Thomas kuma ya rubuta hukuncinta, kan fita da ita ce. Wanda ya fassara duka biyun da "mallaka" ya mayar da shari'a biyu guda ɗaya.

Na san inda kuskuren ya samo asali. Lasisin da muka sani a Najeriya na mallaka ne. Dokar makamai ta 1959 ta kasa bindigogi gida uku: irin su harba-ka-ruga da ake ɗura wa albarushi ta baki suna hannun kwamishinan 'yan sanda na jiha, bindigar farauta tana hannun Sufeto Janar, ƙananan bindigogin hannu kuwa, wato fistol da libarba (mai ma'ajin harsashi da ke juyawa), suna cikin jerin haramtattu, sai da izinin shugaban ƙasa. To da zarar mai fassara ya ji lasisi da bindiga a jimla ɗaya sai bakinsa ya tafi can.

Malamin Hausa: Barista ya gama da wannan. Kalmar tana da gaɓa uku: takardar, aikin da ta halatta, da yadda ake yin aikin. Bari in fara da ta ƙarshe don ita ce ta fi ciwo.

"Ɓoye" daidai take a ƙamus, amma a kunnen Bahaushe tana warin laifi. Ku tuna inda muke jin ta tare da makami: an gano inda 'yan bindiga ke ɓoye makamai, an kama shi da bindiga ɓoye cikin buhun gero. Mai ɓoyewa hukuma yake ɓoye wa. A nan kuwa hukuma ce ta san sunan mutumin, ta ɗauki zanen yatsunsa, ita ta ce ya rufe abin kada jama'a su firgita. Sannan "izinin ɓoye bindiga" na iya sa mai sauraro ya zaci ana maganar binne ta ne a bayan ɗaki.

Shawarata "a sakaye". Muna cewa an sakaya sunansa, ko ya faɗi maganar a sakaye. Abin yana nan, an san yana nan, an dai kawar da shi daga ido, kuma ba zargi a ciki. Ga shi tana da kishiya a shirye, wato "a bayyane", wadda za mu buƙata domin jihohi da dama suna da doka daban ga wanda ya rataye bindigarsa kowa na gani.

Mai Koyar da Harbi: Allah ya gafarta Malam, na yarda da sakaye. Ni "riƙe" ce ba na so. Riƙewa da hannu ake yi, kuma wannan lasisin bai ba kowa damar fito da bindiga a hannu ba. Wanda ya zaro ta yana nuna wa abokin faɗa, ko ya ɗaga riga don a gani a ji tsoro, laifi ne mai zaman kansa a can, kuma yana iya jawo a karɓe lasisin. Bindigar tana zama ne cikin kubenta, a cikin bel ɗin wando ta gefen ƙugu ko ta gaba, wasu a hamata, wasu a ƙwauri, mata da yawa a wani aljihu na musamman cikin jaka. Me zai hana mu ce "soke", tunda haka muke cewa ya soke wuƙa a ƙugu?

Hajiya Edita: Malam, rufa mana asiri. Ranar da hukuma ta janye takardar wani sai mu rubuta "an soke lasisin soke bindiga"? Ba za mu sha da daɗi a hannun masu karatu ba.

Mai Koyar da Harbi: Hajiya kin yi gaskiya, na janye. Kuma da na sake dubawa, soke bindiga tsirara a wando shi ne ainihin abin da ake hana ɗalibai. Kube mai kyau dole ya kasance da tauri, ya rufe kunamar bindiga ruf, ya riƙe ta ko da an kifa shi. Yawancin fistol na zamani irin su Glock ba su da maɓallin kullewa na waje, duk abin da ya ja kunama, yatsa ne ko igiyar riga, za ta tashi. A Nuwamba 2008 wani fitaccen ɗan ƙwallon Amurka, Plaxico Burress, ya shiga gidan rawa a Manhattan, cikin birnin Niyok, da bindiga soke a wando ba kube. Ta zame tana gangarawa, ya kai hannu ya tare, ta tashi ta same shi a cinya. Lasisin da ya taɓa samu na jihar Fulorida ne, ya ma ƙare, kuma ko da yana da rai Niyok ba ta karɓar lasisin wata jiha. Aka yanke masa ɗaurin shekara biyu. Don haka dai "kube" ta samu wurin zama, ba sai mun aro wata ba.

Malamin Hausa: To saura "ɗauka", "yawo da", da "fita da". Yawo na da ƙamshin gantali. "Fita da bindiga" kuma takan rikice da fitar da ita ƙasar waje, ko zaro ta. "Ɗauka" ba ta da ado, amma ba ta yi ƙarya ba, ta kuma haɗa wanda ke ƙasa da wanda ke cikin mota.

Ɗan Maraɗi: Gaisuwa ga manya. A wajenmu Faransanci ya raba ajiye makami da ɗaukarsa da kalmomi biyu daban, kuma ɗauka ɗin ce kalmar da ake amfani da ita, don haka mai karatu a Nijar ba zai ruɗe ba. Amma me ya sa lasisi? "Takardar izini" Hausa ce da kowa ke ji daga Damagaram har Zangon Kumasi.

Mai Koyar da Harbi: Ɗan'uwa, bari in zayyana yadda ake samun ta a jiha guda, sai ka yanke hukunci da kanka. Mu ɗauki Teksas, inda George W. Bush ya sa hannu kan dokar wannan lasisin a 1995 lokacin yana gwamna.

Mutum zai cike takardar nema a wajen hukumar tsaron jama'a ta jihar, ya biya dala 40. Sai ya je a ɗauki zanen yatsunsa da na'ura, a tura don a binciki ko yana da tarihin laifi a jiha ko a tarayya. Sai aji na awa 4 zuwa 6 kan dokar amfani da ƙarfi, wuraren da aka haramta, yadda ake kashe rigima da baki, da ajiye bindiga inda yara ba za su kai ba, a ƙare da jarrabawar rubutu wadda ake ci da kashi 70 cikin 100. Daga nan sai filin harbi. Harsashi 50 ake harbawa kan allo mai siffar mutum: 20 daga nisan yadi 3, 20 daga yadi 7, 10 daga yadi 15, kowane zubi da daƙiƙoƙinsa. Harbin da ya faɗa tsakiya maki 5 ne, zobe na gaba 4, wanda ya taɓa jikin hoton amma ya fita daga zobba 3. Jimla 250, ana neman 175. Lissafin ya nuna inda ake faɗuwa: wanda ya ci 40 na kusa cif ya riga ya tara 200, ya haye tun kafin a ja baya. Masu faɗuwa yawanci fizgar kunama suke yi don tsoron ƙara, sai harsashi ya riƙa sauka ƙasa ta hagu in mutum na-dama ne. In takardu sun cika, doka ta ba hukuma kwana 60 ta bayar ko ta hana. Kati ne mai hoto, yana ƙarewa, ana sabuntawa duk shekara 5, in ka sauya gida kuma kana da kwana 30 ka sanar.

Wannan ai tsarin lasisin tuƙi ne sak. Illinois, wadda ita ce ta ƙarshe da ta halatta abin a 2013, awa 16 take nema da dala 150. Niyok awa 16 na aji da 2 na harbi, da mutum huɗu da za su shaidi halinka, da ganawa ido da ido.

Ɗan Maraɗi: Na gamsu rabi. Izini dai ya fi daɗin faɗa.

Barista: Akwai dalilin shari'a ma da ya sa na fi son lasisi. Izini a Hausa alfarma ce, mai bayarwa na iya hanawa ba tare da ya faɗi dalili ba. Haka tsarin Niyok yake a da, sai ka gamsar da jami'i cewa kana da wata buƙata ta musamman da ta wuce ta sauran jama'a, kuma wannan sharaɗin ne hukuncin Bruen ya rushe. Ina ganin mu kira tsohon tsarin "sai an ga dama", ɗayan kuma, wanda Fulorida ta shahara da shi tun 1987, "in ka cika sharaɗi dole a ba ka". Na ukun shi ne "ba sai da lasisi ba". Vermont ba ta taɓa neman takarda ba, Alaska ta bi a 2003, Arizona a 2010, Teksas a 2021, Fulorida a 2023, zuwa 2024 jihohi 29 ke kan wannan layi.

Kada mai fassara ya ɗauka cewa a can lasisin ya mutu. Ana ci gaba da nema, saboda wasu jihohin sai da shi suke amincewa da baƙo, kuma dokar tarayya ta hana bindiga cikin ƙafa 1,000 daga makaranta, sai ga wanda jihar da makarantar take ta ba shi lasisi.

Ga abin da ya shafi mutanenmu da ke zaune can. Dokar tarayya ta hana bindiga ga wanda aka taɓa samu da laifin da hukuncinsa ya haura shekara ɗaya, da wanda aka samu da dukan iyali ko da ƙaramin laifi ne, da wanda kotu ta umarta ya nisanci matarsa, da mai shan haramtattun ƙwayoyi, da wanda ba shi da takardun zama. Mai bizar karatu ko ta ziyara shi ma yana cikin hanin, in ban da 'yan togaciya irin ta mai lasisin farauta. Mai katin zama na dindindin ba ya ciki. Teksas ta ƙara nata: wanda aka tabbatar bai biya kuɗin ciyar da 'ya'yansa ba, ko harajin jiha, ba ya samu. Abin da ya fi maƙale takardu kuwa biyu ne. Mutum ya ƙi rubuta wani tsohon kamu da aka yi masa don yana ganin an kori ƙarar, alhali yana nan a na'ura, sai a ce ya yi ƙarya. Ko zanen yatsu ya ƙi fita, kamar yadda yake faruwa ga magina da masu wanki da tsofaffi waɗanda yatsunsu suka side, sai an sake ɗauka.

Hajiya Edita: To kun kai ni ga "lasisin ɗaukar ƙaramar bindiga a sakaye". Kada a yar da "ƙaramar", domin dogayen bindigogi dokarsu daban. Na fi son ta kan "fistol", saboda fistol ta bar libarba a waje, ga shi yara yanzu ba su ma san libarba ba. A cikin labari, bayan an ambaci cikakken sunan sau ɗaya, "lasisin sakaye" ya wadatar.

Tafinta: Na karɓa, Allah ya saka da alheri. Saura biyu ƙanana. Me za mu ce da amincewar da jihohi ke yi da lasisin juna, da kuma lokacin da siffar bindiga ke nunawa ta cikin riga ko da ba a ga ƙarfen ba?

Malamin Hausa: Na farko a rubuce "yarjejeniyar amincewa da lasisin juna". A rediyo ka ce ban gishiri in ba ka manda, kowa zai gane. Na biyu "shati" ne, kamar shatin bulala: shatin bindigar ya fito a riga.

Barista: A yi hattara da gishiri da mandar nan Malam, ba kullum ake ramawa ba. Akwai jihohin da ke karɓar lasisin Niyok da na Kalifoniya, su kuwa biyun ba sa karɓar na kowa. Inda haka ne a ce "amincewa" kawai, a bar "juna".

Mai Koyar da Harbi: Kuma ga inda sakaye da bayyane za su yi mana aiki nan take. Mai shago a Teksas da ba ya son bindiga yana kafa allo a ƙofa, da Turanci da Sifaniyanci, haruffa masu tsawon inci ɗaya. Mai lamba 30.06 ya hana mai lasisi shiga da ita a sakaye, mai 30.07 ya hana a bayyane. In 30.07 kaɗai ka gani, ka sauke rigarka a kanta ka shiga. Jan allo mai 51% kuwa na wurin da giyar da ake sha a nan take ke kawo mafi yawan cinikinsa ne, nan ko da lasisi ba a shiga da ita.

Hajiya Edita: Bari in gwada a kanu: "Kotun Ƙolin Amurka ta sassauta sharuɗɗan lasisin ɗaukar bindiga a sakaye". Ya shiga layi biyu. "Ƙaramar" sai ta sauko jimlar farko ta labarin.

Ɗan Maraɗi: Hajiya, mu a nan za mu sa "izini" a wurin lasisin, sauran kuwa mun ɗauka yadda yake.