Makabartar Wa? Musayar Baiti Kan Afganistan

Sarkin Kirari

Salamu alaikum 'yan zaure. Yau ƙasar duwatsu na ɗauko. Ƙwar huɗu ce, amsa-amon waje "ya". Mai iyawa ya biyo ni.

Da sunan Allah nake farawa,
Mai ɗaukaka bawa, mai saukewa,
Salati ga Manzo ba yankewa,
Sannan in wasa 'yan gwagwarmaya.

Afganistan, gidan duwatsu,
Duk wanda ya shige ki sai ya matsu,
Dauloli uku, ina labarinsu?
Kowacce ta fita tana jin kunya.

A 1839 Bature ya shiga,
Da igwa da doki da jar riga,
A 1842 ya bar Kabul, ka ga,
Kwazazzabo ya cinye su kusan gaba ɗaya.

Likita guda da kai a fashe,
Ya kai Jalalabad daga ƙarshe,
Saura an kama, ko an kashe,
Shi ya ba Ingila labarin tafiya.

Sobiyat ta zo da jar tuta,
Shekara tara ba damar ta huta,
A 1989 ta bi gada ta fita,
Kafin shekara uku ta bar duniya.

Amurka da jirgi marar matuƙi,
Shekara ashirin tana ta yaƙi,
Ta bar sansanin Bagram cikin dare baƙi,
Ba ko sallama, ta kashe fitila ta juya.

Makabartar dauloli sunanki,
Mai silifa ya kori mai tanki,
Wa zai ja da ni a kan yabonki?
Ga fili ga mai doki, a buɗe hanya.

Baba Mai Rediyo

Wa alaikumus salam, ɗana. Muryarka ta yi zaƙi. Sai dai ni tun ina yaron shagon ɗinki nake bin labarin nan a akwatin rediyo, kuma ba daga inda ka faro ya faro ba.

Ɗana, ka yi kirari ka burge,
Amma akwai shafin da ka goge,
Kafin baƙo ya zo ya shige,
'Yan gida suka share masa hanya.

Zahir Shah ya yi arba'in yana sarki,
A 1973 ya fita magani, aka yi aiki,
Ɗan baffansa Dawud ya ƙwace mulki,
Yana Italiya ya ji an soke sarautar gargajiya.

Shekara biyar Dawud ya samu,
A 1978 'yan gurguzu suka ce namu,
Suka kashe shi a fada, Rabbi tsare mu,
Har mata da jikoki, kusan duk zuriya.

'Yan gurguzun ma gida biyu ne,
Khalk da Parcham, kishiyoyi ne,
Taraki da Amin malam da ɗalibi ne,
Ɗalibi ya sa filo ya raba malam da duniya.

Pul-e-Charkhi kurkuku ya cika,
Liman da mai unguwa an ɗauka,
Herat ta yi bore, bam ya sauka,
Duk kafin Mosko ta ɗaura ɗamarar mamaya.

Da suka zo, Amin suka fara kashewa,
Shi da ya yi ta roƙonsu da zuwa,
Karmal suka kawo don ɗorawa,
Sai bango ya tsage ƙadangare kan samu wurin ɓuya.

Sarkin Kirari

Baba, na ji, na durƙusa,
Amma bango ko ya tsage har ƙasa,
Wa ya ba ƙadangare izinin rusa
Gida da rumbu da rijiya?

A kwarin Panjshir zaki ya yi gurnani,
Mas'ud ya hana Rasha sukuni,
Rokar Stinger ta zo a 1986, ka gani,
Mai saukar ungulu ya koyi tsoron samaniya.

Malama 'Yar Damagaram

Baba, a gafarce ni, zan shiga tsakaninka da ɗanka. "Ya" ɗinku ba za ta ɗauki abin da ke raina ba. Da "ba" zan yi, ƙwar biyu. In akwai tara, a rubuta mini bashi.

Ƙanena, ka ce makabartar dauloli ce,
To taso mu zaga kaburburan, ba mu zaga ba.

Sobiyat ta kwashi gawa wajen 15,000 ta kai gida,
Na 'yan ƙasa ana zancen miliyan, ba a ma gama ƙirga ba.

Amurka ta rasa soja 2,400 da 'yan kai, kowa da sunansa,
Manomin Helmand ko a takarda bai samu layi ba.

Daula kan naɗe gawarta a tuta ta sa a jirgi,
Wanda ke kwance a ramin mai gida ne, ba baƙo ba.

An watsa nakiya mai siffar malam-buɗe-littafi,
Yaro ya ɗauka zai yi wasa, bai koma da hannu ba.

Karez, hanyar ruwan da kakanni suka haƙa a ƙarƙashin ƙasa,
Bam ya toshe ta, inabi da rumman ba su sake 'ya'ya ba.

Sama da miliyan biyar suka hau dutse da ƙafa,
Peshawar, Kwetta, Mashhad, ba don fatauci ba.

Yaron da aka haifa a tanti, uba na kabari,
Ko hanyar gonar gidansu bai taɓa gani ba.

Littafin lissafinsa harsashi ake ƙirgawa a ciki,
Amurka ta biya kuɗin bugu, ba ta ga aibu ba.

Da ya girma ya ɗaura baƙin rawani ya shiga Kandahar,
Duniya ta ce daga ina? Kamar ba ita ta raine shi ba.

Mai Shayi na Zango

Malama ta karya doka, amma wa zai ce mata kul? Ni na dawo kan "ya". Kuna ta zancen baƙon nesa, kun manta da na bayan katanga.

A 1893 Durand ya ja layi,
Ya raba Pashtun biyu, ba neman ra'ayi,
Wa a can, ƙane a nan, sai a haɗu shan shayi,
Kamar Katsina da Maraɗi, uwa ɗaya.

Pakistan na da Indiya a gaba,
Ba ta son Kabul ta zama abokiyar gaba,
Sai ta riƙa zaɓen wanda za ta ba
Bindiga, don ya tsare mata ƙeya.

Amurka ta sa dala, Saudiyya ta sa kamarta,
ISI, hukumar leƙen asirin Pakistan ta Ziya'ul Haƙ, ke rabon ta,
Ƙungiyar mujahidai bakwai a Peshawar na jiran ta,
Hikmatyar ke ɗaukar cinya.

Iran ta riƙe ƙabilar Hazara a hannu,
Janar Dostum na da masu ce masa sannu,
Kowane maƙwabci ya turo shanu,
Gonar Afgan ita ce makiyaya.

Baba Mai Rediyo

Malama, 'yata, baitinki ya taɓa inda ke mini ciwo. Tunda an zo nan, bari tsoho ya tona kansa.

A 1992 da Najib, shugaban 'yan gurguzu, ya faɗi,
Na raba goro a shago don daɗi,
Na ce wannan jihadi ne, ba batun kuɗi,
Ashe kura aka ba ajiyar akuya.

Rabbani a fada, Mas'ud na tsaro,
Hikmatyar daga kudu roka yake turo,
Firaminista ne fa, ba yaro,
Yake wa birninsa ruwan wuta dare da safiya.

A 1993 suka je har Makka,
Suka yi rantsuwa a wuri mai albarka,
Suna dawowa, kafin a kwance jaka,
An koma harbi, an manta alkawarin jiya.

Dostum yau da wannan, gobe da wancan,
Afshar ta Hazara, me aka yi a can?
Kabul da Rasha ta bari tsaye, a nan
Masu kabbara suka rushe ta, ba kunya.

Kowace hanya an gitta mata sarƙa,
Kwamanda ya ga 'yarka ya ɗauka,
Taliban, ɗaliban Mulla Umar, suka zo, aka ce barka,
Wanda ruwa ya ci, ko kaifin takobi zai riƙe ya tsaya.

A 1996 Kabul ta buɗe wa Taliban ƙofa,
Najib shekara huɗu ba fitar da ƙafa,
Suka fizgo shi, turken titi suka nufa,
Daga cikin gidan Majalisar Ɗinkin Duniya.

Oktoban 2001 muka fito a Kano,
Muna tir da bam ɗin da Bush ya auno,
Kafin dare abin da idona ya gano,
Gawar maƙwabci ce, ba ta Bush ba, a kan hanya.

Tun ranar ban sake bin tuta don yaƙin da ban san kansa ba. Goron nan da na raba har yau yana mini ɗaci.

Sarkin Kirari

Allah ya yafe mana baki ɗaya, Baba. Na karɓi na 'yan gida. To amma ashirin ɗin Amurka fa, a wuyan wa za a rataya su?

A Bonn ta Jamus aka taru,
Aka ba Karzai da kwamandoji kujeru,
Waɗanda suka rushe Kabul wai sun gyaru,
Taliban ko ba a kira ta ba ko a waya.

Usama da ya sulale a Tora Bora,
A Pakistan aka same shi, kusan goman shekara,
Amma ƙauyen Afgan samame ake ta ƙara,
Ana sakin bam kan 'yan rakiyar amarya.

A Kunduz, 2015, asibiti aka harba,
Mutum 42, likita da majinyaci, ku duba,
Aka ce kuskure ne, ba da gangan ba,
Marayan da ya rage, wa zai hana shi ramuwar gayya?

A Doha, 2020, Amurka da Taliban suka yi ciniki,
Gwamnatin Kabul na waje, ba ta cikin ɗaki,
Fursuna 5,000 aka sa ta ta saki,
15 ga Agustan 2021 shugaba Ghani ya hau jirgi ya yi tafiya.

Yau Kabul zuwa Kandahar mota na bi,
Ba nakiya a kwalbati, ba mai harbi,
Gonar ofiyom an ce a daina, an bi,
In wannan ba nasara ba ce, mece ce, Yaya?

Malama 'Yar Damagaram

Shirun na ji shi, ƙanena, kuma ni'ima ne,
Uwar da ta daina jin roka ba za ta raina shi ba.

Amma ka ga samarin da suka rungumi jirgi ya tashi da su?
Suka faɗo daga sama, ba ka sa su a kirarinka ba.

Ran 26 ga Agusta ɗan Da'ish ya tashi bam a ƙofar filin jirgin Kabul,
Sojan Amurka 13 duniya ta haddace, 'yan ƙasa wajen 170 ba ta haddace ba.

Kwana uku tsakani marar matuƙi ya yi bankwana,
Mutum goma gida ɗaya, bakwai yara, ba ɗan Da'ish ba.

Dala biliyan bakwai ta babban banki aka riƙe a New York,
Bazawarar da ke zaune ƙofar mai gurasa, ba ita ta yi laifin ba.

Ni malamar aji shida ce, nan ne ƙaya ta soke ni,
Can daga shida an ja ƙofa, yarinya ba za ta wuce ba.

Disamban 2022 'yan jami'a ma aka ce su koma gida,
Wadda za ta karɓi haihuwa gobe, ba a bari ta koya ba.

An ce Taliban ɗalibai ne, ai ni ma jikar ɗalibai ce,
Shehu Ɗan Fodiyo bai rufe wa Nana Asma'u littafi ba.

Ita ta ɗora wa jaji malfa ta tura ta ƙauye,
'Yan taru suka yi karatu, addini bai rushe ba.

Pakistan da ta raini yaƙin yau tana korar 'ya'yansa,
Ana sauke yaro a Torkham, ƙasar da bai san ta ba.

Baƙo ya tafi, na yarda, ɗauki gangarka,
Sai dai ka sassauta, gidan ba a tashi zaman makoki ba.

Mai Shayi na Zango

Ni dai ruwana ya tafasa har ya ƙone ina karatu. Sarki, ana jiranka. Kai ka kafa doka, kar ka ce mana an kira magariba.

Sarkin Kirari

Ba gudu zan yi ba, Mai Shayi. Ga abin da ya samu:

Yarinyar Herat da ta gama aji shida,
Ta naɗe littafinta ta koma gida,
Na nemi kirarin da zan mata, na rasa ko guda,

Tun ɗazu nake juya ɗango na huɗu, ya ƙi zuwa. Baba, Yaya, wanda ke da "ya" ɗin da ta dace ya cika mini.