Ƙanina yana watsa fenti a zanin gado, da dare kuma wasan jini

Assalamu alaikum 'yan uwa, don Allah a sakaya sunana. Ƙanina ne, shekararsa 15. Tun rasuwar Babanmu wata biyar ke nan magana ta ɗauke masa. Da la'asar sai ya shimfiɗa tsohon zanin gado a bayan gida, ya ɗauko ragowar fentin shago, ya riƙa tsoma tsintsiya yana watsawa da ƙarfi. Ja da baƙi ya fi so. Jiya har akuyarmu ta samu rabonta a kunne. Da dare kuma sai gem (wasan bidiyo) na Mortal Kombat da Resident Evil, ana ta fille kawuna, jini faca-faca. Mama ta ce a kai shi ruƙiyya, ni kuma ina so in ƙwace fentin da gem ɗin gaba ɗaya. Ya kuka gani?

Wani malamin zane:
Allah ya jiƙan Baba. Ƙanwata, fentin kam ki bar masa. A Amurka an yi wani mai zane, Jackson Pollock, wanda tun wajen 1947 yake shimfiɗa ƙyalle a ƙasa yana ɗiga masa fentin gida da sanda, yau zanensa na rataye a manyan gidajen tarihi. Abin da ke cin yaron ne yake fitarwa. Ki dai saya masa fentin ruwa. Na mai warinsa na sa ciwon kai, wankinsa kuma sai da kananzir.

Wata uwa:
Ni gem ɗin ne damuwata. Mortal Kombat tun fitowarsa a 1992 ake cece-kuce kan jininsa, har majalisar dattawan Amurka ta zauna a 1993, aka kafa hukumar ESRB a 1994 mai sa wa wasanni alamar shekaru. Duba kwalin, za ki ga harafin M, wato 17 zuwa sama. Naku bai kai ba.

Wata ma'aikaciyar jinya:
Kar ki ƙwace rana ɗaya, 'yar uwa, gidan gem na bakin titi zai koma inda ba kya ganinsa. A yanka masa lokaci, bayan isha'i babu. Ki lura da barcinsa, cin abincinsa da makaranta. In ya fara zancen mutuwa ko cutar da kansa, asibiti ranar, kar a jira. Addu'ar Mama ba ta hana ganin likita.

Mai tambaya:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka. Ɗazu na tsaya ina kallonsa, sai ya miƙo min tsintsiyar bai ce uffan ba. Na watsa sau biyu. Atamfata dai ta tafi.