Masu fassara muƙala a Wikipedia: ina aikin ya fi karye muku?

Mai_Harshe_Uku: Assalamu alaikum jama'a. Tambayar ta masu ɗauko muƙala daga Wikipedia ta wani harshe ce su mayar da ita Hausa. Kowa ya faɗi inda aikin ya fi karye masa da yadda yake ɗinke shi. Ni nawa manazarta ne. Masu rubutun asali sukan sa cikakken bayanin littafi sau ɗaya, su raɗa masa suna, sauran wuraren kuma sunan kaɗai suke kira. Idan ka tsallake sakin layin da cikakken bayanin yake, ka fassara na ƙasa, sai jan rubutun kuskure ya fito a gindin shafi. Maganinsa ka buɗe tushen muƙalar asali, ka nemo sunan, ka kwafo cikakken bayanin zuwa inda ka fara kiransa.

Malamar_Faransanci: Wa alaikumus salam. Daga Faransanci, alƙaluma ne ke kayar da mutane. Su waƙafi suke sawa inda Turanci ke sa ɗigo, don haka 2,500 biyu da rabi ne, ba dubu biyu da ɗari biyar ba. Dubbai kuma da fili suke raba su: 12 000. Sannan abin da muke ce wa biliyan su milliard suke cewa, billion ɗinsu kuwa tiriliyan ne. Na'urar fassara ba kullum take lura ba, kuma jimlar za ta yi daɗin karatu, shi ya sa ido ke wucewa. Duk adadin jama'a ko na kuɗi, a duba shi a madogarar kanta kafin a wallafa.

Ɗan_Larabci: Gaskiyarki Malama. A Larabci kuma shekaru ne. Muƙalun malaman zamanin da, yawanci da Hijira suke ba da haihuwa da rasuwa, harafin da ke nuna hakan ɗan mitsitsi ne, sau da yawa yakan ɓace a fassara. Sai ka ga malamin da ya rasu a 911 Hijira an mayar da shi ƙarni na goma Miladiyya, alhali 1505 ce. Lissafin gaggawa: ninka shekarar Hijira da 0.97, ka ƙara 622. Kusa zai kai ka, ba daidai cif ba, domin shekarar Hijira kwana 354 ce ko 355, kuma takan ratsa shekarun Miladiyya biyu. In babu wata da rana, a rubuta Hijirar yadda take, a sa Miladiyyar da "wajen". A kula da watannin ƙasashen Sham ma: Kanunus Sani Janairu ne, Tishrinul Awwal Oktoba.

Mai_Sintiri: Ni daga ɓangaren masu duba sabbin shafuka zan yi magana. Abu na farko da nake nema shi ne an faɗi inda aka ɗauko. Lasisin CC BY-SA, wanda rubutun Wikipedia ke ƙarƙashinsa, ya wajabta ambaton marubutan asali. Manhajar fassara ta Wikipedia, Content Translation, tana rubuta wannan da kanta a taƙaitaccen bayanin gyara, tana kuma haɗa shafin da Wikidata, rumbun bayanan da ke haɗa shafukan batu ɗaya a harsuna daban-daban. Wanda ya yi da hannu, shi zai rubuta sunan muƙalar asali da harshenta, ya je Wikidata ya haɗa. Idan ba a haɗa ba, akwatin Databox, mai janyo taƙaitattun bayanai daga Wikidata zuwa gefen shafi, zai tsaya wayam, kuma wani zai sake fassara muƙalar da wani suna, mu kwana muna haɗe shafuka biyu.

Na biyu, tarihin mata. Injin fassara yakan fara da "ta", a sakin layi na uku ya koma "ya". Wannan kaɗai ya isa in gane ba a karanta ba.

Malamar_Faransanci: Ƙari kan Databox, ɗan'uwa: in ka ga kalmomin ciki da Turanci, ba samfurin ne ya lalace ba, lakabin Hausa ne babu a Wikidata. A can ake ƙarawa, sau ɗaya, duk shafukan da ke jan abin su gyaru.

Sabon_Hannu: Malamai, hoto fa? Wani yakan fito, wani sai jan suna kawai.

Mai_Sintiri: Wanda ke Wikimedia Commons ne ke fitowa a kowane harshe. Tamburan kamfanoni da bangon littattafai galibi a Wikipedia ta Turanci kaɗai aka ɗora su, bisa wani sassauci na dokar haƙƙin mallaka ta Amurka. Kada ka kwashe su ka kai Commons, gogewa za a yi. Nemi wani hoton ko ka bar gurbin.

Mai_Harshe_Uku: Abin da ya fi rage mini gyara shi ne karatu kafin fassara. Batu ɗaya, a karanta shi a harsuna biyu ko uku. Muƙalar garin Senegal ko Mali sau da yawa ta Faransanci ta fi cika, ta malamin fiƙihu kuma ta Larabci. Inda suka saɓa a shekara ko adadi, madogara ce alƙali, ba harshen da ya fi tsawo ba. Ga mai neman madogarar da ke bayan kuɗin rajista, akwai The Wikipedia Library, mai buɗe wa editoci irin waɗannan kyauta. Sharuɗɗanta: gyara 500, asusu mai wata shida, gyara 10 cikin kwana 30 na baya, kuma ba a toshe ka ba. JSTOR, rumbun mujallun ilimi, na ciki.

Ɗan_Larabci: Sai taken muƙala. In sunan yana da ɓ, ɗ ko ƙ, a rubuta da ƙugiyarsa, sannan a buɗe shafin turawa daga rubutun da ba ƙugiya, don yawancin masu nema da waya b, d da k suke bugawa.