Neman kalma: me za mu kira "identification parade" da Hausa?

Mai Shiri: Salamu alaikum. Gobe da ƙarfe 10 zan naɗi shiri kan belin waɗanda ake tuhuma da fashi, ga shi na maƙale a kalma ɗaya: identification parade. Wato 'yan sanda su saka wanda ake zargi cikin mutane masu kama da shi, a kira wanda aka yi wa fashin ya nuna shi. Na rubuta "faretin shaida", amma kunnena ya ƙi karɓa. A taimaka don Allah.

Ɗan Fagge: Wa'alaikumus salam. Ai holi ne. Kullum muna jin "an yi holin 'yan fashi".

Barista: A'a, ƙanena, kada ka haɗa su. Holi shi ne a zaunar da mutane a ƙasa gaban 'yan jarida, ga bindigogi a baje. Wannan kuwa gwajin idon mai shaida ne. Holin ma lalata shi yake yi, don wanda ya ga fuska a talabijin jiya, yau ita zai nuna. A shari'ar Ikemson ta 1989 Kotun Ƙoli ta bayyana inda ake buƙatarsa: idan mai shaida bai san mutumin ba kafin ranar, ko ɗan lokaci kaɗan ya gan shi. Idan maƙwabcinka ne da ka sani shekara goma, ba a buƙatar jera kowa. Ina ba da "jeren tantancewa".

Malamin Hausa: Tantancewa ta gaji, Barista. Da ita ake tantance alhazai da 'yan takara. Ni na daɗe ina cewa "tsamo-ɓarawo". Gajere ne, kuma tsohuwa a ƙauye za ta gane.

Barista: Malam, ka yanke masa hukunci tun a suna. Sashe na 36(5) na tsarin mulkin Najeriya ya ce mutum ba shi da laifi sai an tabbatar. Kuma hukuncin fashi da makami kisa ne a dokar fashi da makami ta 1984, shi ya sa sashe na 161 na dokar tarayya ta gudanar da shari'ar laifuka ta 2015 ya ce sai alƙalin babbar kotu ke ba da belinsa, shi ma sai da dalili na musamman, kamar rashin lafiya ko jinkirin da ya haura shekara guda.

Malamin Hausa: To "beli" fa? Wannan ma ba tamu ba ce. Muna da lamuni, muna da tsayawa mutum. Sai yaushe za mu daina bara a ƙofar Bature?

Ta Maraɗi: Mu nan sakin talala muke cewa, Malam, ba mu aro komai ba. Amma da an tashi daidaita Hausa sai a manta da mu, kamar a Kano kaɗai ake jin ta.

Ɗan Fagge: Hajiya, ba wanda ya raina ku. Sai dai "beli" ta riga ta zauna, har a bangon ofishin 'yan sanda ake rubuta cewa kyauta ne.

Yayar Wani: Ku yi haƙuri in sa baki. Ƙanena ya yi wata 14 a tsare. Ranar da aka jera su, matar da za ta nuna ta riga ta wuce shi a kan benci da ankwa a hannu, kuma cikin mutanen shi kaɗai ne ba takalmi. Mahaifiyarmu har yau ba ta san sunan abin da aka yi masa ba, sai dai ta ce "ranar da aka nuna shi". Ku zaɓi kalmar da za ta sa mai sauraro ya gane cewa ido na iya kuskure.

Mai Shiri: Allah ya kiyaye gaba, Yaya. Maganarki ta sa na tuno "sahu". Yaya kuke ganin "sahun shaida fuska"? Muna cewa "na shaida shi", sahu kuma yana nuna kowa daidai yake da na kusa da shi.

Barista: Ya yi, bai ɗora wa kowa laifi ba. Ka dai yi masa bayani a karon farko.

Malamin Hausa: Ya yi tsawo. Amma ya fi fareti. Batun "beli" kuwa ban sauka ba.

Mai Shiri: Na ɗauki sahun shaida fuska. Zan bar beli yadda take, in ambaci sakin talala saboda masu saurarenmu na Nijar. Na gode, zan koma kan rubutun.