Tambaya kan jirgin ruwan Liemba na tafkin Tanganyika

Sani_Fagge:
Salam 'yan uwa. Jiya wani ɗan Tanzaniya da muke aiki tare yake ban labarin wani jirgin ruwan fasinja a ƙasarsu, Liemba, wai ya haura shekara 100 kuma asalinsa na kamfanin reluwe ne. Ni abin da ya ɗaure min kai, me ya haɗa reluwe da jirgin ruwa? Don Allah masana a warware min.

Malam Idi:
Wa alaikumus salam Sani. Gaskiya ya faɗa maka. Lokacin Jamusawa ke mulkin ƙasar, sun shimfiɗa dogo daga Dar es Salaam har Kigoma a bakin tafki, ya isa can 1914, to daga nan sai ruwa, shi ne kamfanin ya sa aka ƙera jirgi mai aiki da tururi da zai karɓi fasinja da kaya in sun sauka daga jirgin ƙasa. A Papenburg ta Jamus aka ƙera shi 1913, aka wargaza shi gunduwa gunduwa aka zuba a akwatuna, aka kawo ta teku sannan ta dogon, a Kigoma aka sake harhaɗa shi ya shiga ruwa 1915. Sunansa na farko Graf von Goetzen. Ka tuna tashar Baro, kaya su zo ta kogin Kwara jirgin ƙasa ya kwasa zuwa Kano, dabarar ɗaya ce.

Hadiza_M:
Malam ka bar wajen da ya fi taɓa ni! A 1916 da Yaƙin Duniya na Ɗaya ya ci Jamusawa za su bar Kigoma, da kansu suka nutsar da shi don kar ya faɗa hannun abokan gaba, amma injiniyoyin sai da suka lafta wa injinan giris tukunna, kai ka san mutum bai yi wa abin da ya fitar da rai a kansa haka. Daga baya Turawan Ingila suka ciro shi 1924, ya koma aiki 1927 da sunan Liemba, nan ma a hannun hukumar reluwe.

Sani_Fagge:
Ikon Allah! Yaya Hadiza har yanzu da tururin yake?

Hadiza_M:
A'a, tuni aka sa masa injin dizal tun shekarun 1970. Lokacin da yake zirga-zirga, hanyarsa Kigoma zuwa Mpulungu ta Zambiya ce, ƙauyukan da ba tasha sai ya tsaya nesa da gaɓa ƙananan kwale-kwale su zagaye shi, ana miƙa buhunan busasshen kifi ana miƙa yara hannu da hannu. Ko a 2015 shi ya yi ta kwaso 'yan gudun hijirar Burundi daga ƙauyen Kagunga da ke bakin tafkin zuwa Kigoma.