Zauren 'Yan Kasuwar Jidda: wa ya san inda ake samun garin fairait?

Musa Sina'iyya: Salamu alaikum jama'ar zaure. Dan Allah shawara nake nema. Masana'antar da nake aiki muna buga faifan saruk, injin nan na hannu da ake aikin ƙarfe da shi, na yanka da na guga, kuma garin fairait yana cikin kayan haɗinmu. Mai kawo mana ya ce nasa ya ƙare, shi ne mudir, manajanmu, ya ce in bincika ko mu shigo da kontena ɗaya da kanmu. Wa ya san hanya, Chaina ko Turkiyya? Ko akwai mai shi a ƙasa, Dammam ko Riyad

Ba'ana: Wa alaikumus salam. Fairait kuma, maganin mene ne

Usman Mukallis: Ba magani ba ne Ba'ana, dutsen nan ne mai ƙyalli ruwan zinare, ƙarfe da farar wuta a haɗe. Malam Musa lambarsa a jamarik, wato kwastan, 2502 in ɗanye ne ba a gasa ba. Gasasshen yana ƙarƙashin 2601, kada a haɗa maka su a fatura, takardar kuɗin kaya.

Sale Dammam: Akwai shi nan birjik, masu kayan haƙar rijiyar mai suna sayarwa buhu buhu, in turo maka lambar wani?

Usman Mukallis: Wancan barait ne Sale, fari ne mai nauyi da ake zubawa a taɓon haƙa, 2511. Ka tura masa wannan ya zuba a faifai mudir ya sallame shi

Sale Dammam: Toh ni dai na ga duk dutse ne

Alhaji Garba: Musa ɗana ka tsaya ka ji kafin ka ce wa mudirinku komai. Ni wannan kayan ya taɓa cin kuɗina, kuma ba wai ƙarya aka aiko min ba, kayan gaske ne, abin da ya kashe ni danshi. Wani mai yin takalmin birki ne ya ce yana so, muka yi magana da wani ɗan kasuwa a Chaina ta waya, ya turo samfur a 'yar leda, gari mai kyau a bushe yana sheƙi, muka kai aka auna farar wutar ta yi daidai, muka biya. Kontena ta iso mina, wato tashar jirgin ruwa, yaron da na ba takardu ya yi sakaci da wata takarda guda, kaya suka zauna ardiyya, kuɗin ajiya a tashar, tana hawa kullum, kuma lokacin zafi ne, kun san raɓar Jidda yadda take, ka fito da asuba gilashin mota na zubar da ruwa. Ranar da aka buɗe ƙofar kontenar a mustauda, wato sito, warin farar wuta ne ya fara dukanmu, bangon ciki duk ya yi gumi, buhunan da ke jikin bango sun yi laushi, ka ɗaga ɗaya gindinsa ya zube, zaren ɗinkin ya ci. Garin da ke ciki ya dunƙule ya yi wani fari fari da rawaya a sama, ka sa hannu cikin tsakiyar tarin ka ji ɗumi. Ashe shi fairait in ya samu iska da ruwa tare yakan fara sakin asid, kuma iya laushinsa iya saurin lalacewarsa, ga shi yana ɗaukar zafi da kansa. Har ƙasan kontenar ya yi tsatsa sai da kamfanin jirgi ya caje mu gyara. Mai birki ya zo ya duba ya ce shi ba zai zuba dunƙulallen gari a injinsa ba, ya ɗauki na tsakiya da bai taɓu ba ya bar min saura. Na kira mutumin Chaina ya ce ai shi a bushe ya loda, kuma babu inda muka rubuta adadin danshi a yarjejeniya balle in kama shi, buhunan ma babu leda a ciki. Saboda haka in dai za ku shigo da shi, a rubuta danshi a takarda, a rubuta buhu mai leda ciki, a ɗora kan katako, kuma takardunku su kammala tun jirgi bai taso ba.

Hajiya Rabi: Innalillahi, Allah ya mayar da alheri Alhaji

Ba'ana: Alhaji Garba da dutse ma sai da ya yi asara, Bafulatani da kasuwanci sai a hankali hhhh

Alhaji Garba: Kai bawana yi min shiru, Babarbare da bai san fairait ba yana tambaya ko na ciwon ciki ne

Injiniya Bashir: Abin da Alhaji ya faɗa haka yake. Bari in ƙara wani abu don Malam Musa ya gane dalilin da ya sa ba ya ganinsa a kasuwa kamar siminti. Babban aikin fairait a duniya shi ne a gasa shi a fitar da asid ɗin salfa, Chaina har yanzu suna yi, suna da babbar mahaƙa a Yunfu cikin Guangdong. Amma nan ƙasar ba ta buƙatar wannan wahalar, farar wuta tana fitowa ne daga tace gas da mai, Aramco har fitar da ita waje take yi, masana'antar takin kamfanin ma'adinai na Ma'aden a Ras Al Khair da ita suke yin asid ɗinsu. To kun ga wanda zai saya da yawa ba ya so. Saura ƙananan masu amfani, irinku masu faifai, masu birki, masu kwalba ruwan ƙasa irin ta maganin tari, da masu narkar da ƙarfe da ke son ƙara masa farar wuta don ya yi daɗin yanka a inji. Kasuwa ce siririya, mutum biyu uku ne ke riƙe da ita, in na ɗaya ya ƙare sai kowa ya ji a jikinsa.

Musa Sina'iyya: Wlh haka ne Injiniya. To me zan ce su rubuto min a takardar gwaji

Injiniya Bashir: Farar wuta kashi nawa. Tsantsarsa ma bai wuce kashi 53 da ɗan ɗori ba, sauran ƙarfe ne, don haka duk wanda ya ce maka nasa 60 ne ka kashe wayar. Na kasuwa mai kyau yakan kama daga 45 zuwa 50. Sai laushi, lambar rariya 200 ne ko 325, wannan ka duba tsohon buhunku. Sai yashi nawa ne a ciki, sai asanik, don wani dutsen yana zuwa da shi kuma guba ne ga yaran da ke shaƙar ƙurar. Kuma kar ku yarda da gwajin mai kaya kaɗai

Usman Mukallis: Tan nawa kuke ci a wata? Don kontena ƙafa 20 kusan tan 25 za ta ɗauko, nauyi ne ke cika ta ba girma ba

Musa Sina'iyya: Gaskiya ba mu kai nan ba, kaɗan ake zubawa a haɗin, kuma faifan sitenles ma ba a sa masa sam, shi dole babu ƙarfe babu farar wuta a ciki

Usman Mukallis: To ka ga. Za ku ajiye shi ya shekara a mustauda a Jidda, labarin Alhaji zai maimaita kansa. Ga kashi 15 na dariba, wato haraji, da za ku biya tun a shigowa, kuɗi ya kwanta. Ni shawarata ku nemi wata masana'antar ku raba kontena, ko ku sa a duba muku Dubai

Kabiru Bab Sharif: Ni ina da mutum a Guangzhou, Malam Musa ka bar maganar mudir, mu haɗa kuɗi ni da kai mu shigo da shi da sijili, wato rajistar kasuwanci, na wani Balarabe abokina, mu sayar wa masana'antar taku da kanta. Riba biyu

Usman Mukallis: Kabiru wannan sunansa tasattur, baƙo ya fake da sunan ɗan ƙasa ya yi kasuwanci, kuma ba a zauren nan ba. Ɗauri ne har shekara 5 da tara har riyal miliyan 5, a ƙarshe a fitar da kai

Kabiru Bab Sharif: Kai kullum tsoratarwa, rabin kasuwar nan da me take tafiya

Usman Mukallis: Da can kenan. Yanzu komai ta Fasah, shafin kwastan na intanet, yake bi, fatura ta na'ura, asusun banki a buɗe. Ni dai ba na taɓa takardar da mai sijil bai san kayan ba

Admin Malam Lawal: Kabiru a goge wannan dan Allah, na sha faɗa

Kabiru Bab Sharif: An goge ranka ya daɗe, amma dai gaskiya ce

Adam Mai Wurno: Ku kuna maganar gari, mu a Sudan dutsen nan kuka ya sa mutane. Lokacin da haƙar zinare ta tashi wajen Abu Hamad yara sababbin zuwa sukan cika buhu da shi su sha rana su kawo kasuwa suna murna, mai saye ya ɗauki guduma ya buga sau ɗaya ya watse ya zama gari. Zinare in ka buge shi bajewa yake yi ba ya fashewa, wuƙa tana yankarsa, shi kuwa wannan wuƙa ba ta kama shi, ka goga shi a bayan tayil ya bar baƙin layi mai ɗan kore, zinare rawaya yake bari. Nauyi ma ba ɗaya ba, zinare ya kusa ninka shi huɗu

Ba'ana: To ai ni an ce min inda yake akwai zinare

Injiniya Bashir: Wani lokaci akwai, amma a kulle yake cikin dutsen ido ba ya gani, zaiba ba ta kamo shi. Sai an gasa ko an dafa shi a tukunyar matsi, irin wadda Ma'aden suka kafa a mahaƙar zinarensu ta Mansura da Masara. Ba aikin mai kwano da turmi ba ne

Hajiya Rabi: Ni kam irin masu kusurwa huɗu ɗin nan nake so, kamar an yanka da inji. Alhazai 'yan Indonesiya da na Turkiyya suna tsayawa kallon duwatsu a shagona, ina ake samu

Injiniya Bashir: Hajiya waɗancan daga Sifen suke, wani ƙauye Navajún, haka Allah ya halicce su ba wanda ya yanka. Masu curi curi kuma yawanci na Peru ne. Amma kar ki wanke da ruwa, kuma kar ki ce wa kowa zinare ne

Hajiya Rabi: Haba Injiniya a Harami zan yi ƙarya

Sale Dammam: Malam Musa na tambayi wani Ba'indiye a Sina'iyya ta biyu, unguwar masana'antu, ya ce ya san mai kawo wa masu narkar da ƙarfe, amma nasa tsakuwa tsakuwa ne ba gari ba

Musa Sina'iyya: Tsakuwa ba za ta yi mana ba Yaya Sale, ba mu da injin niƙa. Amma karɓo min lambar, wataƙila ya san mai garin

Alhaji Garba: Turkiyya fa ta fi kusa, ta Suwez jirgi zai sauko kai tsaye, kaya ba sa daɗewa a ruwa. Na Chaina tun rikicin Bahar Maliya na ƙarshen 2023 ba ka da tabbas ɗin rana

Usman Mukallis: Na Chaina a sauke a Dammam a ɗauko a tirela, ai ba dole sai minar Jidda ba

Alhaji Garba: Ka lissafa kuɗin tirelar tukuna ka dawo mu yi magana

Kabiru Bab Sharif: Usman ai shi kowace hanya kaya suka bi yana da kamasho

Usman Mukallis: Na halal dai, da sunana a takarda

Ba'ana: Jama'a wa zai Makka gobe bayan la'asar, ina da kwali biyu na Shara Mansur

Adam Mai Wurno: In ba dutse ba ne a ciki kawo